Ku daina kafa hujja da Corpse Husband kuna sayar wa matasa mafarki

Lokacin da kamfanin YouTube ya sabunta ƙa'idarsa ranar 15 ga Yuli, 2025, ya jaddada cewa bidiyoyin da ake ƙerawa barkatai kamar bulo daga injin buga bulo ba su cancanci kuɗin talla ba, na ɗauka masu tallar kwas ɗin "tasha marar fuska", wato tashar YouTube da mai ita ba ya nuna fuskarsa, za su kama bakinsu. Sai ma suka ƙara ƙaimi. Har yau tallarsu na yawo a TikTok da Facebook: biya kuɗi kaɗan a koya maka yadda za ka kwaso labarin ban tsoro daga dandalin tattaunawa na Reddit, ka zuba wa manhajar ƙirƙirarriyar basira ta karanta da murya mai kauri, ka ɗora hoton daji cikin dare, ka wallafa uku a rana, daloli su fara shigowa kana barci. In aka nemi shaida, cikin sunayen da ake saurin jefowa akwai Corpse Husband. Wai ga mutum bai taɓa nuna fuskarsa ba, da labaran tsoro ya fara, ya tara masu bibiya fiye da miliyan 7, har ya zama mawaƙi.

Abin da ya fi ɓata min rai shi ne duk abin da suka lissafa gaskiya ne, amma sun cire shekara biyar daga tsakiyar labarin.

An haifi Corpse Husband a 1997 a San Diego da ke jihar Kalifoniya ta Amurka, ya buɗe tasharsa a 2015. Daga nan har zuwa 2020 babban aikinsa shi ne zama gaban makirufo yana karanta labaran firgici, da yawansu waɗanda masu su suka ce da gaske sun faru da su. Duniya ba ta san shi sosai ba sai a watan Satumba na 2020, lokacin kullen korona, da ya shiga buga wasan bidiyo na Among Us tare da manyan 'yan YouTube irin su PewDiePie. Ranar 20 ga Oktoba na shekarar yana cikin waɗanda suka yi wasan da 'yan majalisar Amurka Alexandria Ocasio-Cortez da Ilhan Omar a Twitch, dandalin yaɗa bidiyo kai tsaye, mutum sama da 400,000 suna kallo a lokaci guda. A Maris na 2021 waƙarsa da mawaƙin Amurka Machine Gun Kelly, "Daywalker!", ta shiga jerin waƙoƙi ɗari mafiya tashe a Amurka na mujallar Billboard. A Yunin 2023 ya fitar da "Code Mistake" tare da ƙungiyar mawaƙa ta Bring Me the Horizon ta Ingila. Masu cewa sa'a ce kawai ta korona sai su gaya mana me ya hana ta faɗa wa dubban da suka buga wasan nan a watan nan. Masu cewa shi ba mawaƙi ba ne, murya kawai Allah Ya ba shi, ba su taɓa gwada ɗaukar murya mai kauri sun ji yadda take fita kamar ana magana cikin randa ba.

Ni a ganina shekarun karatun labarin nan su ne makarantar waƙarsa, kuma abin da ya koya a cikinsu ba ya sayuwa a kwas na mako biyu.

Ɗauki maganar gudun harshe. Hira ta yau da kullum da Turanci tana tafiya wajen kalma 150 a minti. Mai karanta labarin tsoro yakan sauko ƙasa da haka, don haka bidiyon minti ashirin yana cin kalma wajen 2,500. Amma tsoron ba a cikin kalmomin yake ba. Yana cikin shirun da mai karatu zai yi bayan ya ce "sai na ji an taɓa ƙofa", kafin ya faɗi abin da ke bayanta. Ya yi gajere, mai sauraro bai gama zana ƙofar a ransa ba. Ya yi tsawo, ya ɗauka intanet ce ta yanke ya taɓa wayarsa, tsoron ya watse. Tazarar da ke tsakanin biyun ba ta wuce daƙiƙa ɗaya ba, kuma kowane labari da tasa. Manhaja tana tsayawa ne inda ta ga aya ko waƙafi. Mutum yana tsayawa inda ya ji tsigar jikinsa ta tashi. Wanda ya yi shekaru yana auna wannan shirun, ranar da aka ɗora masa kiɗa ya riga ya san inda ake shiga da inda ake barin ganga ta yi magana ita kaɗai.

Sai makirufon kansa. Makirufon da ke ɗaukar sauti ta gaba kawai yana da hali: kana matsowa, ƙasan muryarka na ƙara kumbura. A tazarar santimita 15 murya takan fita daidai. A santimita 5 sai ta yi nauyi kamar mai maganar yana bayan kunnenka, abin da labarin tsoro ke so ke nan. Sai dai kusancin yana zuwa da nasa: kowace "p" da "b" tana buga iska cikin makirufon, motsin yawu da numfashi duk suna shiga. Shi ya sa ake sa ragar tare iska, a ɗan karkatar da makirufon gefen baki, a ajiye ruwa kusa, a bar ƙarfin ɗauka yadda ƙololuwar sauti ba za ta wuce desibel 6 (ma'aunin ƙarfin sauti) ƙasa da iyaka ba. Ɗakin ma sai an kashe masa amsa-kuwwa, ko da barguna da labule masu kauri ne, domin bango tsirara yana dawo da ƙananan sautuka su cakuɗe.

Ga inda masu murya irin tasa ke shan wuya. Muryar namiji galibi tana farawa ne daga wajen haz 85 zuwa sama (haz shi ne ma'aunin kauri ko sirantar sauti). Mai murya mai zurfi sosai yana gangarawa ƙasa da haka. Shawarar da ake bai wa kowane ɗan koyo ita ce ya yanke duk sautin da ke ƙasa da haz 80 don kawar da gurnanin fanka da motoci. Ka yi wa irin wannan murya haka, ka yanke mata gindi. Dole a sassauto da yankan zuwa wajen 50 ko 60, sannan a rage cunkoson da ke taruwa tsakanin 200 da 400, a ɗan ɗaga tsakanin 2,000 da 5,000 don baƙaƙe su fito. Bayan duk wannan kuma akwai matsalar da ta fi: jama'a da yawa da lasifikar waya suke sauraro, ita kuwa ba ta iya fitar da waɗannan ƙananan sautuka kwata-kwata. Dabarar masu haɗa sauti ita ce su ɗan "ƙona" muryar da gangan, su sa mata kaushi, wanda ke haifar da 'ya'yan sauti a sama inda waya ke iya kaiwa, kunne kuma ya cike sauran da kansa. A waƙa abin ya ninka, domin bugun nan mai nauyi da ake kira 808 a gida ɗaya yake zaune da muryar, sai an sa kiɗan ya riƙa ɗan dusashewa duk lokacin da murya ta shigo, ko a jera murya biyu ko uku a kan juna. Kaushin da kowa ke ji a waƙoƙinsa salo ne, amma kuma a ganina amsa ce ga matsalar da ya daɗe yana fama da ita tun yana karanta labari. Ba na kare baitocinsa. Da yawansu cike suke da batsa da zagi, ba abin da zan so yaro ya haddace ba ne. Ƙwarewar sautin dai tana nan.

Yanzu maganar kuɗi, wadda a kanta masu kwas suka fi yin ƙarya. Kafin YouTube ya fara raba maka cikakken kuɗin talla a dogayen bidiyoyi sai ka tara masu bibiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, sannan rabonka kashi 55 cikin ɗari ne. Labarin tsoro kuwa yana cikin abubuwan da kamfanonin talla ke gudu tun rikicin 2017, lokacin da manyan kamfanoni suka janye tallarsu daga dandalin. Jini, kisa, gawa: kalmomin da labarin ba ya tafiya sai da su, su ne ke jawo alamar dala mai ruwan ɗorawa, wato talla kaɗan ko babu. Ga kuma abin da ba sa taɓa faɗa: labaran nan suna da masu su. A Fabrairun 2020 zauren NoSleep na Reddit, wanda shi ne babbar rijiyar labaran tsoro, ya rufe ƙofarsa na mako guda don nuna fushi kan masu kwasar labaran marubuta ba izini. Marubuci yana da ikon kai ƙara, kuma gargaɗin haƙƙin mallaka uku kafin na farko ya cika kwana 90 ya isa a rufe tasha da duk abin da ke cikinta. Wanda ya ce wa yaro "kwaso daga Reddit" bai ce masa "rubuta wa marubucin, ka ajiye amsarsa, ka sa sunansa, ku yi yarjejeniyar biya" ba, ya tura shi rami ne ya karɓi kuɗin mota.

Wannan ma yana cikin abin da ke sa komawa waƙa ta zama hanya mai ma'ana ga mai irin wannan sana'a. Labarin wani aro ne, waƙarka taka ce. Sai dai can ɗin ma ba a shimfiɗa tabarma ba. Dandalin sauraron waƙa na Spotify ba ya ƙirga sauraro sai ya kai daƙiƙa 30, kuma tun 2024 waƙar da ba ta samu sauraro 1,000 cikin wata 12 ba, ba a biyan ta ko sisi. Kiɗan da ka saya da rahusa a intanet galibi haya ce, an sayar wa wasu da dama irinsa, kuma in ɗayansu ya riga ka yi masa rajista a tsarin gano haƙƙin mallaka na YouTube, waƙarka ce za a riƙe wa kuɗi. Corpse ya shiga waƙa da jama'ar da suka riga suka saba sa muryarsa a kunne cikin duhu na awoyi. Tashar da manhaja ke karantawa ba ta tara irin waɗannan mutane, domin babu wanda za su bi. Gobe wani ya sayi muryar nan tak da dala kaɗan.

Ɓoye fuskar ma da suka mayar dabarar kasuwa, shi ba haka ya bayyana ta ba. Ya sha faɗa cewa yana fama da matsananciyar fargabar shiga jama'a, da ciwon da ke game tsoka da gaɓoɓi, da matsewar jijiyoyi tsakanin wuya da kafaɗa, da ƙwannafi mai tsanani wanda ya ce yana da hannu a kaurin muryarsa. A bidiyon "Daywalker!" 'yar YouTube Valkyrae ce ta fito a madadinsa. A 2021 aka yaɗa hoton wani matashi aka ce shi ne, ba tare da wata tabbatacciyar hujja ba, dubban mutane suka yi ta yi wa halittar yaron ba'a. Bayan nan ya ja baya daga wasannin kai tsaye, ya koma fitowa jefi-jefi. Mutumin da rashin lafiya da tsoro suka tsare a ɗaki shi ake ɗauka a liƙa a allon talla a matsayin gwanin cin kuɗi a kwance. Wannan rashin imani ne. Ga yara kuma suna danne maƙogwaro suna kwaikwayon muryar da ciwo ya taimaka wajen samar da ita. Danne murya ƙasa da inda take na awoyi yana kawo dishewa, yana iya fitar da ƙulli a tantanin murya, kuma dishewar da ta wuce mako uku ko huɗu ta likitan kunne, hanci da maƙogwaro ce.

Mu nan muna da namu masu karanta littattafan Hausa da labaran aljanu a YouTube, kuma tallar nan ta iso gare su. Su ne ma ya kamata su fi kowa gane yaudarar. Rubutun boko ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali. Ba wa manhaja jumlar "ya ji kuka a bayan kuka" ka saurara. Bahaushe ya san na farko hawaye ne, na biyu itaciyar da tun muna yara ake hana mu ratsawa ta gindinta da tsakar rana, kuma bakinsa zai bambanta su ba tare da ya yi tunani ba. Manhajar da ta karanta su iri ɗaya ta kashe labarin a jumlar da ya kamata gashin jiki ya miƙe. Matsalar izini ma tana nan a gida: marubuta, yawancinsu mata, suna sayar da littattafansu a zaurukan WhatsApp, sai su tsinci aikin wata da watanni ana karanta shi a tashar wani ba ko sallama.

YouTube ya rubuta ƙa'ida, saura ya aiwatar da ita a harsunan da ba Turanci ba, ciki har da Hausa. Ƙungiyoyin marubutanmu su fitar da takardar yarjejeniya mai shafi ɗaya da marubuci da mai karatu za su riƙa sa wa hannu. Duk matashin da aka tallata wa kwas kuma, kafin ya tura ko naira ɗaya, ya ce wa mai kwas ɗin ya buɗe masa shafin kuɗin shigar tasharsa ta labaran tsoro, na wata goma sha biyu a jere, da saƙonnin izinin marubutan da ya karanta labaransu.