Gogen Norway: daga wa ka karɓa?

Kwana biyu ke nan ina sauraron gogen mutanen Norway, wanda suke kira hardingfele. Tsirkiya huɗu ake gogawa, amma akwai wasu huɗu ko biyar kwance a ƙarƙashinsu da ba a taɓawa. Amsa amo kawai suke yi, sai ka rantse mutum biyu ne ke kiɗan. Mafi tsufa da aka sani yana ɗauke da shekarar 1651.

Daɗin sautin daban, amma abin da ya kama zuciyata shi ne ladabin masu shi. Makaɗi yakan faɗi sunan wanda ya karɓi kiɗan daga hannunsa, shi ma wancan an san malaminsa. Da kunne ake koyo, almajiri zaune kusa da malami yana kallon yatsu, yana jin yadda ƙafa ke dukan ƙasa.

Kuma kiɗan nan ya sha wuya. A ƙarni na 19 guguwar wa'azi ta taso a karkararsu, aka ce goge kayan Shaiɗan ne, har wasu makaɗa suka ƙona nasu. Duk wanda ya san irin kallon da ake yi wa mai goge a ƙasar Hausa ba zai yi mamaki ba.

Wani tsohon mai goge a yankin Telemark na Norway, Knut Dahle, ya ji tsoron ya mutu da abin da ya koya wurin shahararren makaɗi Myllarguten, sai ya rubuta wa Edvard Grieg, fitaccen mai tsara kiɗa na ƙasar, wasiƙa. A 1901 aka rubuta kiɗa 17 a takarda daga hannun Dahle, Grieg ya mayar da su na fiyano. Wasu na ganin an gurɓata gado. Ni ban yarda ba, don Grieg bai ɓoye inda ya ɗauko ba. Sai dai takarda ba ta iya kama tafiyar kiɗan rawar springar, mai bugu uku da tsawonsu bai zo ɗaya ba. Wannan sai a gaban malami.

Shi ya sa ba na damuwa idan na ji matasansu sun gauraya gogen da jita ko ganga. Su ɗin dai ne ke zuwa gasar ƙasa ta Landskappleiken, kowa ya zauna a kujera shi kaɗai da gogensa a gaban alƙalai. A 2019 UNESCO, hukumar ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta sa kiɗa da rawar kwarin Setesdal na Norway cikin gadon duniya, kuma har gobe yara na koyonsu daga dattawan kwarin.