Kafin a kunna kyamara, a nemi iznin gidan mamaci

A nan Ingila inda nake zaune, labarin kisan kai ya zama abin kallon bayan cin abincin dare. Da wuya ka buɗe talabijin ko Netflix ba ka tarar da shirin da ke tono wani tsohon laifi ba, da hotunan mamaci da hirar 'yan sanda. Kasuwa ce babba, kuma raina bai taɓa kwanciya da ita ba. A 2022 aka fitar da shiri a kan Jeffrey Dahmer, ɗan Amurkan da ya kashe mutum 17. 'Yar'uwar ɗaya daga cikin mamatan ta ce babu wanda ya tuntuɓe ta, sai gani ta yi wata tana kwaikwayon kukan da ta yi a kotu.

Duk da haka, akwai abin da na yaba a nan. Ƙa'idar Ofcom, hukumar da ke sa ido a kan rediyo da talabijin, ta ce mai son tayar da tsohon bala'i ya yi iya ƙoƙarinsa ya sanar da dangin waɗanda abin ya shafa tun kafin a watsa. Kuma da zarar an kama mutum, wata dokar ƙasar ta 1981 a kan raina kotu ta hana yaɗa abin da zai gurɓata shari'arsa.

Mu a Zariya fa? Ka ga, mun fi su sanin hakkin mamaci. Ana yi masa sutura da gaggawa, a zauna a zaure ana karɓar gaisuwa, babu mai ɗaga murya. Amma idan 'yan bindiga suka shiga wata unguwa, ko aka tsinci gawa, kafin a yi sallar jana'iza hoton ya zagaye WhatsApp daga Samaru zuwa Tudun Wada, har ya iso mu da ke ƙetare. Wata uwar a waya take fara ganin ɗanta kwance cikin jini. Wannan shi ne ya fi ƙona mini rai, domin masu turawar mu ne, ba baƙi ba. Ga kuma holin waɗanda ake zargi a gaban 'yan jarida, alhali sashe na 36 na tsarin mulkin 1999 ya ce mutum ba mai laifi ba ne sai kotu ta tabbatar. Legas ta haramta wannan holi a 2021.

Ba cewa nake a yi shiru ba. Shirun ma zalunci ne ga wanda aka cuta, shi ya sa ban goyi bayan tarar naira miliyan 5 da NBC, hukumar da ke sa ido a kan rediyo da talabijin a Najeriya, ta ci tashar Trust TV a 2022 saboda shirinta a kan 'yan bindiga ba.

Yaranmu da ke karanta aikin jarida a Jami'ar Ahmadu Bello su ne za su yi waɗannan shirye-shirye gobe. Roƙona gare su, su fara zuwa gidan mamacin ba da kyamara ba, tare da dattijon da iyalin suka yarda da shi. Su bar mai takaba ta cika wata huɗu da kwana goma. Kada su nuna fuskar marayu, kada su ba makashi lokacin da ya fi na wanda ya kashe. Idan an gama haɗa shirin, iyalin su fara kallo, in sun ce a cire wani wuri, a cire.