"Gobe za a yi ruwa": gaskiya ce ko ƙarya?

Jiya da la'asar muna zaune a ƙofar gida, hadari ya taso daga gabas, sai iska ta watsar da shi. Wani dattijo maƙwabcinmu, manomi ne, ya ɗaga kai ya daɗe yana duban sama, sannan ya ce, "Gobe za a yi ruwa." Muka ce Allah ya kawo mai albarka. Ni kuwa sai maganar ta tsaya mini a rai har dare. A daidai lokacin da ta fito daga bakinsa, gaskiya ce ko ƙarya? Ba bayan gari ya waye mun ga abin da ya faru ba, a'a, a wannan la'asar ɗin.

Duk wanda ya zauna gaban malami ya karanta manɗiƙi, wato ilimin ƙa'idojin tunani da kafa hujja, ko da Sullam na Akhdari ne, ya san ƙa'idar da aka gada daga Arisɗo, masanin falsafar nan na Girka: kowane labari ko dai gaskiya ne ko ƙarya, babu na uku. Amma shi kansa Arisɗo ya yi turus a kan abin da bai auku ba tukuna, har ya kawo misalin yaƙin jiragen ruwa da za a yi gobe. Wannan turus ɗin ne wani mutumin Poland, Jan Lukasiewicz, ya kama bai sake ba.

An haife shi a 1878 a birnin Lwow, wanda yau yake cikin Ukraine, ya yi karatu a hannun Kazimierz Twardowski, malamin da ya horar da ɗalibansa a kan cewa abin da ba ka iya faɗa a sarari ba, ba ka gama fahimtarsa ba. Lukasiewicz ya dubi matsalar ya ce: idan maganar gobe ta riga ta zama gaskiya tun yau, to gobe ba ta da wata hanya sai wannan, idan ƙarya ce tun yau, haka nan. To ina zaɓin ɗan Adam? A 1920 ya fito da manɗiƙi mai daraja uku. Gaskiya 1, ƙarya 0, sai abin da bai tabbata ba tukuna, wanda daga baya ake rubutawa ½.

Abin da ya sa nake ganin girmansa ba kawo sabon ra'ayi ba ne, kowa na iya wannan a majalisar mai shayi. Shi zama ya yi ya tsara jadawali, ya nuna abin da "ba", "da", "ko" da "idan" za su haifar in daraja ta uku ta shigo. Ya shimfiɗa komai a faifai, yadda mai son kama shi da kuskure zai san inda zai sa yatsa.

Kuma an sa yatsan. Ku ɗauki maganar dattijon nan. "Za a yi ruwa" rabi ce. "Ba za a yi ba" ita ma rabi ce. To a jadawalin Lukasiewicz, "ko a yi ruwa gobe ko kada a yi" ita ma rabi take fitowa. Alhali ko yaro ya san wannan magana gaskiya ce tun yau, domin dole ɗaya ya faru. Nan ne na rabu da shi. Sannan ni Musulmi ne, na yi imani Allah ya san ruwan gobe tun kafin a halicci girgije, don haka a wurina rabin nan gwargwadon saninmu ne mu bayi, ba gwargwadon abin da yake ba. Lukasiewicz ba haka yake nufi ba, kuma ba zan sa masa maganata a baki ba.

Duk da haka ƙofar da ya buɗe ba ta rufu ba. Daga uku aka tafi huɗu, aka tafi darajoji marasa iyaka. Shi ne kuma ya ƙirƙiro hanyar rubuta lissafi ba tare da baka-biyu ba, a sa alamar aiki (kamar ta tarawa) a gaban lambobi, wadda masu kwamfuta suka juya suka ci moriyarta.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne yadda ya riƙe Arisɗo. Sau da yawa mukan ɗauka girmama magabata shi ne maimaita abin da suka faɗa ba tare da an taɓa ko wasali ba. Shi tun 1910 ya rubuta littafi sukutum yana tuhumar hujjojin Arisɗo a kan ƙa'idar cewa abu da kishiyarsa ba sa haɗuwa, amma bai taɓa ajiye Arisɗo ba. A Satumbar 1939 jiragen Jamus suka yi ruwan bama-bamai a Warsaw, gidansa ya ƙone da littattafansa da rubuce-rubucen da bai buga ba. Mutumin da ya taɓa zama ministan ilimi, ya shugabanci jami'ar Warsaw har sau biyu, daga baya ya zama ɗan gudun hijira. A 1946 ya isa Dublin yana da shekara 67. Can ya sake ɗaukar alƙalami, kuma wanda ya koma wa shi ne dai Arisɗo: ya bi ƙiyasinsa, wato hanyarsa ta fitar da hukunci daga jimloli biyu, daki-daki daga asalin Girkancin, ya auna shi da ma'aunin manɗiƙin zamani. Littafin ya fito a 1951, shekara biyar kafin rasuwarsa a can Dublin.