Me ya sa mai shayi ya ƙi bin hukuncin Kotun Ƙoli?

Ranar 3 ga Maris, 2023, Kotun Ƙolin Najeriya ta yanke hukunci cewa tsofaffin takardun naira 200, 500 da 1,000 halastattun kuɗi ne har zuwa 31 ga Disamba na shekarar. Daga ita ba sauran kotu. Amma washegari in ka miƙa wa mai shayi tsohuwar ɗari biyar, sai ya juya ta gaba da baya, ya miƙo maka abarka ya ce, "Yallaɓai ka yi haƙuri, ba ta karɓuwa." Kwana goma aka yi a haka. Sai da Babban Banki ya fitar da tasa sanarwar ranar 13 ga wata sannan takardar ta fara komawa kuɗi a hannun mutane.

Masu cewa falsafar harshe aikin marasa abin yi ne, ga tambaya gare ku: mene ne ya rasa a maganar alƙalan?

Wani malamin falsafa na Jami'ar Oxford, J. L. Austin, ya gabatar da jerin laccoci a Harvard a 1955, aka buga su a 1962 bayan rasuwarsa. Abin da ya lura da shi mai sauƙi ne. Akwai maganar da ke ba da labari, wadda ake iya cewa gaskiya ce ko ƙarya. Akwai kuma wadda faɗinta shi ne aikin. Waliyyin da ya ce "na ba da" a wurin ɗaurin aure ba labari yake bayarwa ba. Kafin ya buɗe baki babu aure, da wakilin ango ya ce "na karɓa" ya ɗauru. Irin wannan magana ba a ƙaryata ta. Ko ta ci, ko ta faɗi ƙasa banza.

Austin ya jera sharuɗɗa shida. Huɗun farko: a sami tsarin da jama'a suka yarda da shi, mai maganar da yanayin su zama waɗanda tsarin ya tanada, a bi tsarin daidai, a kuma kai shi ƙarshe. In ɗaya ya ɓace, aikin bai auku ba sam. Biyun ƙarshe su ne niyya ta gaskiya da cika abin da aka ɗauka. In waɗannan suka ɓace, aikin ya auku, sai dai da ha'inci a ciki. Wanda ya yi alkawari alhali ba ya nufin cikawa, alkawarin ya hau kansa.

Duk wanda ya zauna gaban malamin fiƙihu zai yi murmushi a nan, don an daɗe da tsefe wannan a babin aure da saki. Lafazi sarihi, irin "na sake ki", ba ya jiran a tambayi niyya. Kinaya mai nisa, irin "tafi gidanku", sai an koma ga abin da mutum ya nufa. Ga kuma hadisin abubuwa uku da wasansu gaske ne: aure, saki da kome. Aboki kuwa ko sau ɗari ya ce "na sakar maka ita", babu abin da ya faru, tunda igiyar ba a hannunsa take ba.

Siyasa ta shigo ne ta sharaɗi na biyu. A Adamawa, ranar 16 ga Afrilu, 2023, Kwamishinan Zaɓe na jihar ya zauna a zauren tattara sakamako ya ayyana Sanata Aishatu Binani a matsayin wadda ta ci kujerar gwamna, alhali ba a gama tattarawa ba. Zaure daidai, kalmomi daidai, babban jami'i ne na hukumar. Amma doka ta ba baturen zaɓe ne kaɗai ikon ayyanawa. INEC ta ce sanarwar ba ta da wani tasiri, kuma bayan kwana biyu baturen zaɓen ya ayyana Ahmadu Fintiri. Sharuɗɗa biyu aka karya a zama ɗaya: ba mutumin ba ne, kuma ba a kai ƙarshe ba. A Amurka ma, a 2009, Alƙalin Alƙalai John Roberts ya sauya wa kalma ɗaya wuri cikin rantsuwar Obama, washegari aka maimaita ta a Fadar White House don a toshe bakin masu ƙorafi.

Daga nan ne masanin zamantakewa na Faransa, Pierre Bourdieu, ya soki masu neman ƙarfin magana a cikin kalmomi. A wurinsa ƙarfin aro ne, daga hukumar da ke bayan mai maganar yake zuwa. Rawani ne ke magana, ba maƙogwaro ba. Na yarda da shi, amma rabin hanya. Da kujera kaɗai ta isa, da mai shayi ya karɓi ɗari biyar ɗin nan tun ranar 4 ga Maris.

Ku dubi lissafin mai shayin. Ba ya musun cewa alƙalai alƙalai ne. Tambayarsa ita ce: gobe da asuba in na kai wannan takarda gidan burodi, za a karɓa? Mai gidan burodi yana kallon dilan fulawa, dila yana kallon banki, banki yana jiran takarda daga Babban Banki, shi kuma ya yi gum, haka ma fadar shugaban ƙasa. Malamin falsafa na Amurka John Searle ya bayyana kuɗi da cewa abu ne da ake ɗauka a matsayin wani abu cikin wani tsari, kuma yana tsaye ne muddin jama'a suna ci gaba da ɗaukarsa haka. Kenan kowa ba yardar kansa yake aunawa ba, yardar na gabansa yake hasashe. Hukunci ya cika sharuɗɗan Austin a kan takarda, amma bai canza wannan hasashe ba, domin mutane sun san wa ke riƙe da mabuɗin rumbu.

A ganina wannan shi ne wurin da masana doka suka fi yin sakaci. Suna tambayar wa ke da hurumin faɗa, ba sa tambayar bakin wa jama'a ke jira. A ƙasar da hukumomi ke mutunta juna, amsoshin biyu ɗaya ne, shi ya sa ba a lura da bambancin. In suka rabu, sai a sami halastacciyar magana marar haƙori, a gefe guda kuma shirun wani ofishi ya zama umarni, ba tare da an sa hannu a ko'ina ba balle a kai ƙara a kansa.

Da wa'adin Disamba ya matso, an sauya jeri. Babban Banki ne ya fara sanarwa a tsakiyar Nuwamba cewa tsofaffin takardun za su ci gaba da aiki ba tare da wa'adi ba. Sabon hukuncin kotun da ya tabbatar da haka ya biyo baya ranar 29 ga wata.