Ba tonon asiri ta yi ba, abin da ke cikin gidajenmu ne

Jiya da dare na ƙarasa littafin nan da ake ta rububinsa a guruf-guruf na WhatsApp, wanda wata yarinya ta rubuta kuma shi ne na farkonta, wallahi har aka kira assalatu ban runtsa ba. Labarin gado ne. Uba ya rasu ya bar gona da shaguna, babban wa ya ce kar a raba, a bar dukiya a dunƙule don kar gida ya watse, daga nan fa zumunci ya fara ruɓewa a hankali har 'yan ɗaki ɗaya suka daina gaisawa.

Na ga wasu suna cewa wai ta zubar da mutuncin gidajen Hausawa, wai me ya kai yarinya ƙarama maganar gado. Ni dai ban yarda ba sam. Ai marubutanmu sun daɗe suna taɓo kuɗi a cikin dangi, In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino tun 1991 ya fito, shi ma na farkonsa ne, kuma kuɗi ne ya sa dangin yarinya suka ƙi talakan da take so. Ita wannan abin da ta ƙara shi ne ta shiga har tsakar gida, ta faɗi wanda muke rufewa da sunan kunya.

Babanmu, Allah Ya jiƙan shi, ya bar mana fadama a gefen Argungu, ana noma shinkafa rani da damina. Bayan sadakar bakwai Yayanmu ya ce, "Inna, ku yi haƙuri a bar ta haka nan, in aka yanka ta gunduwa-gunduwa ba wanda za ta amfana." Inna ta sunkuyar da kai ta ce Allah Ya yi albarka. Shekara bakwai ke nan yau. Duk kaka buhu biyu ake sauke mata a ƙofar ɗaki, mu mata kuwa sai dai a ƙullo mana tiya biyar a leda kamar an ba mu sadaka, kuma mu yi godiya. Bara da ciwon ƙafarta ya tashi, da idona na ga ta kwance bakin zane tana ƙirga canji ko zai kai kuɗin magani, alhali ranar ce mota ta loda shinkafa daga gonar da Inna take da tumuni, wato ɗaya bisa takwas, a ciki. Na koma bayan ɗaki na yi kukana na share.

Abin da ke ci mani rai shi ne Allah bai bar wannan magana a hannun kowa ba, Shi da kanSa Ya raba a Suratun Nisa'i, aya ta 11 da ta 12 da ta 176. A biya bashi, a fitar da wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba, matar mamaci in akwai 'ya'ya ta ɗauki ɗaya bisa takwas, ko su huɗu ne shi za su raba, namiji ya ɗauki rabon mata biyu. Aya ta 7 ma cewa ta yi mata suna da rabo, dukiyar kaɗan ce ko mai yawa. To ina "a bar ta dunƙule" a ciki in ba da yardar kowa ba? Kuma shirun mace gaban wanta ba yarda ba ne, kunya ce kawai da tsoron a ce ta kai ɗan'uwanta gaban alƙali. Ga jinkiri yana ƙara dagula lissafi, mu yanzu ƙanenmu ɗaya ya rasu ya bar yara uku, gado ya hau kan gado, marayu sun shigo ciki.

Inda ban ji daɗin littafin ba shi ne yadda ta ɗora kusan duk laifin a kan matar wan, wai ita ke zuga shi. Haba. Matar Yayanmu ba ta taɓa hana mu komai ba, shi ne dai ya saba da riƙo har ya ɗauka nashi ne, kuma ina son shi, shi ya biya mani kuɗin makaranta, shi ya sa abin ya fi ciwo. Sai kuma ƙarshen da ya zo da sauƙi, mutum ya kwanta asibiti ya tuba a shafi ɗaya.

Na tura wa ƙanwata littafin, da safen nan ta kira ni muryarta na rawa. Mun yanke ranar Juma'a in Allah Ya kai mu za mu shiga mota daga Birnin Kebbi mu je wajen Baffa, ƙanen babanmu, mu roƙe shi ya kira malami ya kira Yaya a zauna, Inna na zaune a wurin.