Masu Tsallake Wurin da Aka Yi Shiru

Daren jiya na zauna kallon fim da ƙannena biyu, na tashi raina a ɓace. Duk inda aka nuno matar da ke cikin fim ɗin tana wanke kwanuka ba ta ce uffan ba, sai ɗaya ya miƙa hannu ya tsallake wurin, wai "Yaya, ai ba abin da ke faruwa". Ɗayan kuwa kansa a sunkuye kan waya, sai ya ji ƙara yake ɗagowa.

Jeanne Dielman muke kallo, wanda Chantal Akerman 'yar Beljiyam ta fitar a 1975. Ya haura awa uku, kuma kwana uku kacal ya nuna a rayuwar wata mata da mijinta ya rasu ya bar ta da ɗa guda. Da farko komai nata a tsare yake, ba ta barin ɗaki sai ta kashe fitila. Rana ta biyu dankali ya yi mata ligif a wuta, ta bar kwanon ajiyar kuɗinta a buɗe. Washegari burushi ya suɓuce mata tana goge takalmin ɗanta, ta tsallake maɓalli guda a rigarta. Ruwa ba ya tsami banza. Da aikin nan take danne fargabar da ke cin ta, ga shi aikin ya fara kwance mata.

Su kuwa sun tsallake duk wannan, da aka zo ƙarshe ta ɗauki almakashi ta daɓa wa wani mutum sai ga su suna tambayata me ya same ta. Haba samari! A 2022 masu sharhin da mujallar Sight and Sound ta tambaya sun ɗora fim ɗin a kan gaba a tarihi, ku kun ce barci yake sa ku.

Da a fim abin ya tsaya da na yi shiru. Mahaifiyarka ta share wuri ɗaya sau uku, ba ka gani ba. Abokinka ya koma duba ƙofar da ya riga ya kulle, ka yi masa dariya. An ce labarin zuciya a tambayi fuska, to wace fuska za ka tambaya ido na kan allo? Ko saƙon murya sai kun ƙara masa gudu, gaisuwa ma ta zame muku ɓata lokaci.

Ku rage gaggawa, don Allah. Mun taso mun ga manya da kan gane mutum na cikin damuwa daga yadda ya ajiye takalminsa a bakin ƙofa, su jawo shi gefe tun bai buɗe baki ba. Yanzu sai mutum ya zube ƙasa ake cewa ai lafiya lau muka rabu da shi jiya.