Cin amana a labari ba baƙonmu ba ne

Duk sanda aka tayar da zancen littattafan da ake turawa ta WhatsApp, sai wani ya ce marubutan zamani ne suka kawo mana cin amana da sha'awa cikin labari, wai na da tsarkakakku ne. 'Yan'uwa, mai faɗin haka barci ke kwashe shi kafin kakarsa ta kai ƙurunƙus.

Ku ɗauki labarin sarautar Katsina. Masu ba da tarihi suna cewa Sanau, na ƙarshe a sarakunan Durɓawa, ba a kai bayansa ƙasa a kokawa saboda layar da yake ɗaurawa. Korau ya zo daga 'Yandoto, kuma ba ƙarfin damtse kaɗai ya ba shi nasara ba. Matar Sanau ce ta raba mijinta da layar, aka shiga fili, Korau ya kayar da shi, ya yanka. Wajen ƙarni na 15 ke nan, amma har gobe takobin Gajere na cikin kayan sarautar Katsina, maroƙa kuma na kiran sarki Magajin Korau. Me ya kai ta? So ne, ko wani tsohon haushi ta riƙe? Labarin bai tsaya yi mana bayani ba, shi ya sa har yau yake cizo.

Daura ma haka. Sarkin Borno ya ba Bayajidda 'yarsa, sannan ya riƙa janye masa mayaƙa kaɗan-kaɗan har ya kusa zama shi kaɗai. Shi kuma ya bar matar da ciki a Garun Gabas, ya yi gaba. Bayan ya kashe macijin Kusugu, Daurama ta ba shi baiwarta, Bagwariya, wadda ta haihu ta sa wa ɗan suna Karɓagari. Da Daurama ta haifi nata, sai ta ce Bawo, wato a mayar mata da garin. Kishi tsirara, a cikin sunan jarirai!

Amma wadda ta fi tsaya mini a rai ita ce tatsuniyar budurwar da ta ƙi samarin gari, ta ce sai wanda ba tabo a jikinsa. Dodo ya aro kyau da sutura, ya zo ta ce shi take so. Suna hanyar garinsu ya fara mayar wa masu kaya kayansu, ɗaya bayan ɗaya, ita tana biye tana kallo, gida kuwa ya yi nisa. A wannan tafiyar ƙuruciyarta ta ƙare, ba tare da an buɗe mana ƙofar ɗaki ba.

Nan ne nake da ja da wasu marubutanmu na yanzu. Ban ce su bar jigon ba. Aminiya ta aure mijin aminiyarta, ƙanin uba ya cinye gadon marayu, duk muna gani a unguwa. Matsalar ita ce an mai da abin haja: shafi goma kan abin da kunya ta ce a sakaya, layi biyu kan yarinyar da za ta wayi gari ta kasa haɗa ido da uwarta. Daidai inda labari ya kamata ya fara nauyi, sai a rubuta cewa mai son ci gaba ya tura kuɗi a sa shi a rukuni. Na taɓa biya don in ga yadda wata yarinyar ta ƙare. Ashe marubuciyar ta manta da ita, ta koma kan kishiyar.